Kujerar Baba Gola

Shekara biyar ke nan da rasuwar mutumin da 'yan kasuwarmu na Naif suke kira Baba Gola. Na san akwai waɗanda za su buɗe wannan shafi su taɓe baki, su ce me ya haɗa tsohuwa mai tuwo da Baturen Ingila har za ta sa a buga shi a jarida. To, su taɓe. Ni ban yi makaranta ba, ban iya riƙe biro ba. Rabi, matar ɗana Auwalu, ita ce zaune a gabana tana rubuta abin da nake faɗa, kuma na ja mata kunne kada ta gyara mini magana. Ba musulmi ba ne, wannan na sani, kuma makomarsa tana hannun wanda ya halicce shi, ba hannuna ba. Abin da idona ya gani kawai zan faɗa, domin ina ganin shirun da na yi ya isa haka.

Mutuniyar Kano ce ni. Bayan rasuwar maigidana na biyo 'yan kasuwa zuwa Dubai, na kama ɗakuna a wani bene cikin lungunan Naif, inda mutanenmu suke sarin tufafi da jakunkuna da takalma. Idan sun gaji da ciniki da shinkafar Indiyawa, sai su hau wajena su ci tuwo da miyar kuka. Kukar da daddawar a cikin kayansu suke taho mini da su daga gida. A ɗakin cin abincin akwai kujera ɗaya da ke jingine da bango, tana fuskantar ƙofa. Daga kanta ina ganin mai shigowa, ina ganin bakin kicin, ina ganin kowane hannu da ke cikin kwano. Tawa ce. Duk wanda ya taɓa cin abinci a wajena ya san ba a zama a kanta, ko da ba na nan.

Auwalu kuwa ɗan ƙanwata ne. Tana kan gadon da ba ta tashi ba ta kama hannuna ta ce, "Yaya, ga Auwalu nan." Iyakar wasiyyarta ke nan. Ni na raine shi har ya yi gemu, shi ya sa ba na ce masa komai sai ɗana. Tun yana ƙarami ba shi da aiki sai tsaron raga a filayen unguwa, ya dawo gida da gwiwa a kuje. Da na taho Dubai na bar shi wajen kawunsa, ina cewa zai girma ya bari. Bai bari ba. Wata rana da hantsi sai ga shi a bakin ƙofata, yana da shekara ashirin da 'yan kai, jaka a kafaɗa, safar hannu irin ta masu tsaron raga tana reto a jikinta. Wai wani dillalin 'yan ƙwallo ne ya kawo shi, ya samar masa kulob a nan, saura kawai a sa hannu.

Dillalin ya zuba su a ɗaki guda a unguwar Muraqqabat, shi da wasu samari irinsa. Yau a ce gobe, gobe a ce shugaban kulob ya yi tafiya. Bizar da aka shigo da shi da ita ta ziyara ce, kuma tana ta ƙarewa. Masu karatu na gida ba lallai su san abin da wannan ke nufi ba, bari in faɗa musu. Ranar da bizarka ta mutu a garin nan, ka zama mutumin da ke sauya hanya idan ya hango motar 'yan sanda. Ba ka da ikon yin ciwo, domin asibiti za a tambaye ka takarda. Na ga samari masu kyan gani sun koma kwana a gindin kaya a bakin ruwan unguwar Port Saeed ta nan Dubai, suna dako a ɓoye, shekara ta zagayo uwarsu ba ta ji muryarsu ba. Abin da nake hango wa Auwalu ke nan. Sai kuma dillalin ya sauya baki, ya ce tun da na nan suna jan ƙafa, su bar bizar ta mutu kawai, su lafe, yana da wata hanya da zai fitar da su zuwa Turai. Na ce wa Auwalu ko ya koma gida ko ya kama aiki a ofishin kago, wajen masu aika kayan fatake gida. Ya ce mini, "Inna, ba ki san ƙwallo ba." Gaskiya ya faɗa. Amma na san ƙofa, na san irin fitar da ba a dawowa.

Akwai wani Alhaji Isufu, mutumin Maraɗi, mai ofishin kago a kusa da ni. Ya yi karatun Faransanci, yana kuma tsintar Turanci, ga shi mayen kallon ƙwallo. Shi ya ba ni labarin wani Bature, tsohon mai tsaron raga daga Ingila, da wani kulob na garin nan ya ɗauko don ya koyar da masu tsaron ragarsu. Ya ce mutumin ba shi da kowa a nan, duk safiyar Juma'a sai ya zo filin rairayi inda leburori suke buga tasu, ya tsaya yana kallo. Na ce ya kawo mini shi. Na kuma aika wa Auwalu cewa ya zo ya ci abinci a ranar.

Sai da Baturen ya sunkuya kafin ya shigo, saboda tsawo. Dattijo ne, gashinsa ya yi fari, yana jan ƙafa ɗaya. Ya tsaya ya dubi ɗakin daga wannan kusurwa zuwa waccan, sannan ya miƙe kai tsaye ya zauna a kan kujerata. Wani ɗan kasuwar Kwari ta Kano da ke da loma a hannu ya ce a hankali, "Yau akwai kallo."

Na ce, "Isufu, ce wa baƙonka ya tashi."

Isufu ya yi masa magana, Baturen ya miƙe da sauri yana ba da haƙuri. Isufu ya ce, "Hajiya, ya ce ki yafe shi. Wai duk rayuwarsa kowa a gabansa yake, babu komai a bayansa sai raga. Idan ya juya wa ƙofa baya abinci ba ya wuce masa."

Na ce, "Ce masa ni ma haka."

Da aka faɗa masa, Baturen ya yi dariya har da buga cinya. Na sa aka jawo wata kujera aka jingina ta da bangon, kusa da tawa. Tun daga ranar kujerun suka zama biyu.

Da aka ajiye masa tuwo ya ga kowa da hannu yake ci, sai shi ma ya wanke nasa. A nan na ga yatsunsa. Babu ɗaya da ya miƙe. Kowanne ya karye ya warke yadda ya ga dama. Ya yi ta ƙoƙarin dunƙula loma tana zubewa. Ɗan Kwarin nan ya ce, "Hajiya, waɗannan yatsu ne ko citta? A ba shi cokali kafin ya yi mana ɓarin miya." Na daka masa tsawa, amma na ba da cokalin.

Ban yi kwana-kwana ba. Na nuna Auwalu da ke zaune a gefe na ce wa Isufu, "Ce masa ya gaya wa yaron nan bai iya ba, ya haƙura ya nemi sana'a."

Isufu ya ce, "Bon, Hajiya, ai bai taɓa duba wasansa da kyau ba."

"Ba shawara na tambaye ka ba. Faɗa masa."

Baturen ya saurara, ya ajiye cokali, ya girgiza kai. Ya yi magana a hankali, ba ni yake kallo ba, Auwalu yake kallo. Auwalu ya yi sakandare, yana jin Turanci, don haka kafin Isufu ya buɗe baki na riga na karanta amsar a fuskar ɗana. Isufu ya ce, "Ya ce ba zai yi ƙarya ba, ba zai ce wa mutum bai iya ba alhali bai auna shi ba. Amma akwai abin da ba ya bukatar awo. A ƙasar nan kulob yana iya sayo ɗan wasan gaba daga waje, yana iya sayo na tsakiya. Raga kuwa an keɓe wa 'yan ƙasa. Baƙo ba ya tsaron raga a gasarsu, komai iyawarsa. Ya ce duk wanda ke cin abinci da ƙwallo a garin nan ya san da wannan, har da wanda ya kawo shi."

Ku duba wannan al'amari. An ɗauko mai tsaron raga tun daga Kano, an ratsa teku da shi, an kawo shi ƙasar da doka ta hana shi tsayawa a raga. Mu duka da ke ɗakin, masu sanin farashin kowane takalmi a Naif, babu wanda ya taɓa tambaya. Isufu kansa, mai kwana da tashi da ƙwallo, sai ya dafe kai yana cewa ai kuwa bai taɓa ganin baƙo a ragarsu ba.

Na ɗauka magana ta ƙare. Ashe ta ƙara lalacewa ne. Auwalu ya miƙe ya ce to tun da nan ta rufe, sai ya bi ɗaya hanyar ta dillali. Ya fita bai taɓa abincinsa ba. Baturen ya ci gaba da cin nasa har ya share kwano, abin da ya ba ni haushi a lokacin. Da zai tafi ya ce wa Isufu, "Ranar Juma'a ka kawo ta fili."

Ban taɓa zuwa kallon ƙwallo ba a rayuwata. Na yafa mayafi na bi Isufu da sassafe, kafin rana ta yi zafi. Fili ne na rairayi a bayan wasu ofisoshi a Port Saeed, an kafa bututun ƙarfe a matsayin raga. 'Yan Ghana, 'yan Sudan, namu na gida, duk sun haɗu, har da Auwalu, wanda ashe shi ma a nan yake buga tasa. Maza suna ta kallona, ni ma na kalle su har suka sauke ido. Kowa ya jeru a gefen fili, amma Baba Gola ya ja ni muka zagaya bayan ragar da Auwalu yake tsaro. Ya ce nan ne wurin aikinsa. Sannan ya faɗi abin da har yau nake juyawa a raina. Ya ce, "Kada ki kalli ƙwallo. Kowa ƙwallo yake kallo. Ki kalle shi lokacin da ƙwallon ta yi nisa da shi."

Na kalla. Ƙwallo tana can ɗaya gefen, mutane suna ihu, amma Auwalu bai huta ba. Bakinsa bai rufu ba. Yana kiran 'yan bayansa da sunayensu, wannan ya matso, wancan ya koma, yana nuna wa wani ƙaton ɗan Ghana mutumin da ya sulale ta bayansa. Da ɗayansu ya yi kuskure har aka kusa ci, bai zage shi ba, ya kama kafaɗarsa ya juya shi ya nuna masa inda ya kamata ya tsaya. Ban san dokar wasan ba, amma wannan na gane shi sarai, domin ni ma a ɗakina ba mai ci nake kallo ba, wanda ya daina ci nake kallo. Can aka buga wata ƙwallo mai ƙarfi, Auwalu ya tashi sama kamar an jefa shi ya doke ta. Fili ya ɗauki sowa. Baturen ko motsi bai yi ba. Amma da aka tafi hutu, Auwalu ya taka har wajen mai tsaron ragar abokan hamayya, wani siririn yaro ɗan Sudan, yana nuna masa yadda ake ajiye ƙafa kafin a yi tsalle. A nan ne Baba Gola ya zunguri Isufu da gwiwar hannu.

Bayan an tashi ya kira Auwalu, suka zauna a kan rairayi, ni da Isufu muna tsaye a kansu. A nan na ji tarihinsa, kuma ban sake jin ya maimaita shi ba. Ya ce a wani gari mai sanyi da masana'antu aka haife shi, kulob ɗin garin ya ɗauke shi tun yana saurayi. Kowane kulob yana da masu tsaron raga fiye da ɗaya, amma ɗaya ne ke tsayawa. Shi mafi yawan shekarunsa na biyu ne. Ya yi atisaye duk mako kamar kowa, ranar wasa ya sa riga ya ɗaura takalmi, ya zauna a benci cikin sanyi har a tashi. Ya ce babu abin da ya fi ci masa rai irin ya kama kansa yana jiran abokinsa ya ji ciwo. Da damar ta zo, ya yi kakar wasa ɗaya mai kyau, har mutane suka fara rera sunansa. Sai wani ya taka masa hannu, kafin ya warke an kawo yaro sabon jini. Daga nan ya yi ta gangarowa ƙananan kulob, daga wannan gari zuwa wancan, matarsa tana ɗaure kaya tana kwancewa, har gwiwa ta ce ta gaji. Ya wayi gari ba shi da wata sana'a, ya koma tuƙa motar kai kaya. Wani tsohon kocinsa ne ya tuna da shi, ya kira shi ya riƙa jefa wa yara ƙwallo. Ya ce a nan ne, bayan komai ya wuce, ya gano aikin da aka halicce shi domin sa.

Sannan ya buɗe hannayen nan nasa a gaban Auwalu. Ya ce, "Ka iya. Ka kai ni lokacin da nake kamarka, wataƙila ka ɗan fi ni. To ga abin da irin wannan iyawar ta saya mini, a ƙasata, da takarduna, da iyayena a kusa. Kai za ka tafi ba takarda, a hannun mutumin da ya riga ya yi maka ƙarya. Zai yiwu na yi kuskure a kanka, ban san gaibu ba. Amma ina neman wanda zai riƙa buga wa yarana ƙwallo, ƙafata ta daina. Doka ta hana ka tsayawa a raga, ba ta hana ka koyar da mai tsayawa ba."

Auwalu ya ce, "Wato in riƙa ɗaukar wa waɗanda na fi su iyawa buhun ƙwallo?"

Ya ce, "Ƙwarai. Kuma zai yi maka ciwo. Ni ma ya yi mini."

Ko zuma kaɗan bai shafa wa maganar ba. Ni da na roƙe shi ya yi ƙarya, da shi yaron da yake son a yaba shi, babu wanda ya samu abin da ya zo nema.

Kwanakin da suka biyo baya ban roƙi Auwalu ba, ban aika masa kowa ba. Na riga na faɗi tawa, Bature ya faɗi tasa. Na zauna a kujerata ina kallon ƙofa. Duk wanda ya turo ta sai gabana ya faɗi. Labari ya zo mini cewa dillali zai kwashe yaran daga Muraqqabat ya kai su wani wuri da ba a faɗa ba. A ranar, bayan la'asar, ɗakin ba kowa sai ni, aka turo ƙofa. Auwalu ya shigo da jakarsa, idonsa ja wur. Ya zauna a ƙasa kusa da ƙafata kamar yadda yake yi yana yaro, ya ce, "Inna, akwai sauran tuwo?" Na tashi na zuba masa. Ban tambaye shi komai ba, domin jakar ta riga ta ba ni amsa.

Baba Gola ya yi ta sintiri a ofishin manyan kulob ɗin har suka yarda su ɗauki Auwalu aiki. Aka fitar da Auwalu zuwa wani tsibiri na wata ƙasa da ke kusa kafin bizarsa ta mutu, domin sai an fita ake sauya ta, ya dawo da ta aiki. Ranar da ya nuna mini ita na shiga ɗaki na rufe, na yi wa ƙanwata addu'a, na ce mata ga Auwalu nan.

Daga nan Baturen ya zama ɗan gida. Duk Juma'a zai zo ya tsaya a ƙasan bene har mutane su dawo daga masallaci, ba ya hawa sai ya ga sun hau. Da azumi, Auwalu ya gaya mini, ba ya kai ruwa bakinsa a fili matuƙar yaransa suna kallo. Hausarsa ba ta wuce "ya isa" da "madalla" ba, ni kuma ba ni da Turanci ko na sayen gishiri, sai ɗan Larabcin kasuwa da muke jefa wa juna. Idan na cika masa kwano ya ce, "Shwayya, Hajiya, shwayya," wato kaɗan-kaɗan, in ce masa, "Khalas, magana ta ƙare, ci kawai." Yawanci ma shiru muke yi, bayanmu a bango, muna kallon ɗaki. Wani lokaci ya nuna mini wani da haɓa, wanda ya tsaya yana juya loma ba ya ci, alamar kayansa sun maƙale ko an yi masa waya daga gida. Sai in gyaɗa kai, domin na riga shi gani. Idan kuwa shi ya riga ni, ranar ba ya barina in huta da murmushi.

Kada a ɗauka mutum ne mai laushi. Ya wahalar da Auwalu. Yakan sa shi maimaita bugu ɗaya har ƙafarsa ta kumbura, kuma bai taɓa yaba masa a gabansa ba. Sau da yawa yaron ya dawo yana huci yana cewa gobe ba zai koma ba. Ni kuma in ce masa ruwan wanka yana kan wuta. Sai daga baya muka ji cewa a gaban manyan kulob kullum cewa yake, wannan yaron zai gaje ni.

Rasuwarsa ba ta zo da dogon ciwo ba. Wata safiya a wajen atisaye, maimakon ya tsaya a bayan raga kamar kullum, sai ya nemi wuri ya zauna. Babu wanda ya lura sai Auwalu, domin kowa ƙwallo yake kallo. Shi ya kai shi asibiti, aka ce zuciya ce. Bai daɗe ba ya cika. Isufu, da ya san kan takardun filin jirgi, shi ya yi ta faɗi-tashi har aka sa akwatin a jirgin ƙasarsu. 'Yarsa ta zo ɗaukar kayansa, doguwa kamar shi. Ta nemi a kawo ta wajena. Ta ce a can ƙasarsu in ban da wasu tsofaffi ƙalilan babu mai tuna sunansa, kuma ta yi mamakin ganin ɗaki cike da mutanen da ba su san sunan nasa ba ma, suna share hawaye. Na zaunar da ita a kujerarsa, na sa aka kawo mata cokali.

Yanzu idan na dubi garin nan nakan ce, da zai dawo me zai ce? Benayen da ya bari ana haƙa ramukansu sun kai sama, wasu kuma an tsaya da su a rabi tun da kasuwa ta ja baya. Ana shimfiɗa wa jirgin ƙasa hanya a kan titunan da yake jan ƙafarsa. Kuɗin da ake zubawa a ƙwallo ya ninka na zamaninsa, har na ji ana cewa masu arzikin yankin nan sun fara sayen kulob a ƙasarsa. Ina jin wannan zai sa shi dariya. Abin da ba zai sa shi dariya ba shi ne dillalan. Sun ƙaru. Yanzu har da waya mai hoto suke yawo, suna nuna wa iyaye filaye masu ciyawa. Kuma har yau ana kawo masu tsaron raga. Iyayen gida, da ku nake. Kafin ku sallami yaro, ku tambayi wanda ya san dokar wurin, ba wanda zai ci riba da tafiyar ba.

Ba zan rufe ba sai na faɗi ɗaya gefen, domin shi ma da ba zai ɓoye ba. Cikin samarin da suka bi dillali, akwai ɗaya da ya kai Turai. Ya aiko da hotonsa daga wata ƙasa mai ƙanƙara, sanye da rigar kulob. Sauran ba mu sake jin ɗuriyarsu ba. Uwar ɗayansu duk sallah sai ta sa an kira ni ta tambaya ko an gan shi. Ranar da hoton nan ya zo, Auwalu ya daɗe yana kallonsa. Yanzu shi ke koyar da masu tsaron ragar matasa a kulob ɗin, yana da takardar shaidar aikin, yana da mata da 'ya. Duk da haka na tambaye shi, "Kana nadama?" Ya ce, "Wani lokaci, Inna." Ban yi masa faɗa ba. Baturen bai taɓa yi masa alkawarin ba zai ji ciwo ba. Ni dai na san ina ganin ɗana yana turo ƙofata da ƙafarsa, da rana tsaka, ba ya waiwaye.

Bai bar gida a nan ba, bai bar kofin gasa ba, ko hotonsa ba ni da shi. Kujerar ce kawai, kuma na daɗe ban bar kowa ya zauna a kanta ba. Watan jiya wani saurayi ɗan Damagaram ya shigo da jaka, safar hannu tana reto a jikinta. Na zuba masa tuwo na aika a kira Auwalu. Da ya zo ya tsaya ya dubi ɗakin, ya dubi yaron, sannan ya taka ya zauna a kujerar Baba Gola. Ban hana shi ba. Ya bar yaron ya ƙoshi tukuna, sannan ya faɗa masa gaskiya, ba ragi ba ƙari. Yaron ya tashi a fusace ya fita, kamar yadda wani ya taɓa yi. Har yau da nake wannan magana ban san wace hanya zai bi ba, bizarsa kuma tana ƙarewa.

Auwalu ya juyo ya ce, "Inna, na ce masa ya zo fili ranar Juma'a. Za ki iya zuwa kuwa, da wannan ƙafar taki?"

Na ce ya je ya nemo mini abin zama, ya ajiye a bayan raga.